Wasiƙa daga Nima kan wani ɗan jarida mai rubuta labarin bincike

Assalamu alaikum mutumina,

Da fatan kana lafiya, ya iyali, ya aiki? Mu nan Nima a Accra alhamdulillahi, Hajiya na gaishe ka, ta ce ka manta da ita tunda ka tafi.

Ka tambaye ni me nake karantawa kwanan nan. To wani ɗan jaridar Suwidin ne ya riƙe ni, sunansa Stieg Larsson. Na farko cikin littattafan labarinsa guda uku, The Girl with the Dragon Tattoo, na tsinto wajen masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a ƙasa can Circle, bangon ma ya fara yagewa, amma tunda na buɗe shi ko a trotro, motar haya, ban iya ajiyewa. Labarin wani ɗan jarida ne Mikael Blomkvist da kotu ta kama da laifin ɓata sunan wani attajiri, sai wani dattijo mai kuɗi ya ɗauke shi aikin gano abin da ya faru da wata yarinyar gidansu da ta ɓace kusan shekara 40 baya. Sai kuma Lisbeth Salander, yarinya marar son magana da ba kwamfutar da ba ta iya kutsawa ciki.

Abin da ya kama ni shi ne yadda ake binciken, ba bindiga ba guje-guje, mutum ne zaune yana duba tsofaffin hotuna ɗaya bayan ɗaya, yana tona fayil, yana bin sawun kuɗi daga wannan kamfani zuwa wancan, kai da gani ka san wanda ya rubuta ya yi aikin da hannunsa. Kuma ya yi ɗin. Shekara kusan 20 yana kamfanin dillancin labarai na TT, sannan a 1995 yana cikin waɗanda suka kafa mujallar Expo mai tona asirin 'yan wariyar launin fata da masu ra'ayin Nazi a ƙasarsu. Sun sha yi masa barazanar kisa.

Nan ne abin ya taɓa ni sosai. Ya zauna da Eva Gabrielsson sama da shekara 30 ba su ɗaura aure ba, ita ta ce dalili shi ne in sun yi rajistar aure adireshinsu zai shiga takardun da kowa zai iya dubawa, masu nemansa su same shi. Mu da muka ga an harbe ɗan jarida Ahmed Hussein-Suale a unguwar Madina ta Accra a Janairun 2019, muka ga Anas, ɗan jaridar binciken da suke aiki tare, har yau fuskarsa a rufe, ai ba sai an yi mana dogon bayani ba. Wannan tsoron ba wasa ba ne.

Larsson ya riga ya miƙa littattafan uku ga kamfanin buga littattafai na Norstedts, sai a Nuwamba 2004 ya hau benen ofis da ƙafa saboda lif ya lalace, zuciya ta buga, ya rasu yana da shekara 50. Na farkon ya fito 2005, sauran 2006 da 2007, aka sayar da miliyoyi aka yi fina-finai, shi ko bango bai gani ba. Kuma da yake ba aure, ba wasiyyar da doka ta yarda da ita, gado ya tafi wajen mahaifinsa da ƙanensa. Ni dai zaman ba aure ba tsarinmu ba ne, ka sani, amma raina ya ɓaci da yadda matar ta tashi, ita da ta sha barazanar tare da shi.

Gaskiya akwai wuraren cin zarafin mata masu nauyin karantawa, kar ka bar shi inda yara za su ɗauka. Waɗanda wani marubuci David Lagercrantz ya ci gaba da su daga 2015 kuma ban taɓa ba tukuna, na ukun asali nake nema yanzu.

In akwai mai zuwa wajenku bayan Sallah zan ba shi na farkon ya kawo maka. Ka gaida madam da yara.

Naka,
abokinka na Nima