Lasisina ya mutu wata huɗu ban sani ba

Aminina,

Assalamu alaikum. Da fatan kana lafiya, kai da uwargida da yara. Ya aiki, ya kuma haƙuri da nisa? Mu nan lafiya lau, sai kewarku.

Saƙonka ya iso tun makon jiya. Da gangan na ƙi kiranka, don amsar ba za ta yi maka daɗi ba, kuma na san halinka: kafin in kai ƙarshen magana ka katse ni da dariya, ka ɗauko wani zancen. A rubuce kuwa ba yadda za ka yi da ni. Ka ce lasisinka na tuƙi saura wata biyu ya mutu, in nemo maka wanda zai sabunta shi ba sai ka zo ba, ka turo hoto da kuɗi kawai. To ba zan nemo ba. Ka ji abin da ya same ni tukuna, in ka gama karantawa sai ka yi fushin.

A watan Yuli ne, da hantsi, jami'in hanya ya tsayar da ni, irin tsayarwar nan ta yau da kullum. Na miƙa masa takardun mota da lasisi ina murmushi, irin na wanda ya san ba a bin sa bashi. Ya juya katin gaba, ya juya baya, ya dube ni, ya sake duban hoton. Sai ya ce, "Baba, ai wannan ya mutu." Wallahi da farko "Baba" ɗin ta fi yi min ciwo. Na ce masa ina, ai sai watan gobe. Bai yi musu da ni ba, ya miƙo min katin ya ɗora farcensa a kan kwanan watan. Na kawo shi kusa da fuska, lambobin suka cakuɗe. Na miƙar da hannu can nesa, na ƙanƙance ido, sannan suka fito. Ashe 03 ne a rubuce, ni kuwa tun tuni 08 nake karantawa. Tun Maris katin ya mutu, ina ta yawo da shi a aljihu ina jin kaina cikakken direba.

Na biya tara, kuma ban ga laifin kowa ba, kowa ya ɗebo da zafi bakinsa. Abin da ya hana ni barci a daren shi ne tambayar da matata ta jefo min tana ninke kaya, ko ɗago kai ba ta yi ba: da ka buge wani a cikin watannin nan fa? Na yi shiru. Mai tuƙi da mataccen lasisi, in hatsari ya auku, ya buɗe wa kamfanin inshora ƙofar da zai iya bi ya yi jayayya a kan biya, kuma gaban alƙali ya fara da rauni tun ba a tambayi wa ya shiga hannun wa ba.

Maganar ofis ba zan cika ka da ita ba, ka san ta. Cike takarda a intanet, biya, zuwa a ɗauki hoto da zanen yatsu. Ranar farko na'urarsu ta tsaya, muka wuni a benci muka watse. Abu ɗaya zan faɗa maka daga ranar, saboda ya shafi roƙonka. A bakin ƙofa wani saurayi ya tare ni, fes da shi, ya ce in ba shi tsohon katin da ɗan abin da ya sauƙaƙa, ba layi ba gwaji, kwana uku in karɓi sabo. Ba zan ɓoye maka ba, raina ya biya. Abin da ya hana ni shi ne dattijon da ke gabana a benci. Da na'urar ta ɗan farfaɗo aka buga lambarsa, kwamfuta ta ce ba ta san shi ba. Aka sake bugawa, babu. Katin nasa kuwa ka gan shi sumul, da hoto da ƙyalli da komai, shekaru yana nuna shi a hanya. Wani ne ya "taimaka" masa a wancan karon. Ya zauna yana jujjuya katin a hannu, ya rasa wanda zai kama. Aka ce masa sai ya faro daga tushe kamar sabon ɗan koyo, kuma ya gode Allah da abin ya tsaya iya nan.

Rana ta biyu aka kai ni ɗakin gwajin ido. Ka san allon nan mai babban harafi a sama, layuka suna ƙanƙancewa har ƙasa. Ina cikin layi ina hango shi ta ƙofa, kuma, kada ka faɗa wa kowa, sai na tsinci kaina ina sauraren na gabana ina haddace layi na biyar. Ni da furfurata, ina satar amsa kamar ɗan aji uku. Ko a lokacin da na tsaya na tambayi kaina, me ya sa nake haddacewa in har ina gani? Ban tambaya ba.

Matar da ke gwajin ta ba ni wani ɗan faifan roba ta ce in rufe idon hagu. Na dama ya kai layin da ake so da ƙyar, yana tuntuɓe. Ta ce in sauya. Ina rufe na dama sai allon ya zama kamar an shafa masa man kaɗe. Babban harafin na gani, na biyu na gani, na uku na cinka. Da ta nuna na biyar sai na zubo mata haddata tiryan-tiryan. Ta dube ni ta saman gilashinta, ta ce, "To Malam, yanzu karanto min daga ƙarshe zuwa farko." Nan ido ya raina fata. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, na ce mata gaskiya ba na gani. Ba ta yi min dariya ba, Allah ya saka mata. Ta rubuta 'yar takarda ta ce in je wurin likitan ido in dawo da sakamako.

A hanyar gida, duk inda danja ta tsayar da ni sai in rufe ido ɗaya in dubi lambar motar gabana, in sauya. Da na dama ina karantawa. Da na hagu sai dai in ce ga fari ga baƙi. Shekara nawa ina haka? Ban sani ba, kuma abin da ya fi tayar min da hankali ke nan. Ido biyu ne, in ɗaya ya gaza ɗayan yakan rufa masa asiri, ƙwaƙwalwa ta haɗa hoton ta miƙo maka, kai kana cewa garau kake gani. Wa yake tashi da safe ya rufe ido ɗaya ya gwada ɗayan?

Likitan ya raba min matsalar gida biyu. Kasa karanta ƙananan rubutu a kusa, wanda ya sa na mai da 3 ta zama 8, ya ce wannan na kowa ne: daga wajen shekara 40 ƙwayar da ke cikin ido takan fara tauri, ta daina lanƙwasuwa don ganin abu na kusa. Na hagun kuwa yanar ido ce ta fara, ba ta kai ta aiki ba tukuna, gilashi zai riƙe ni zuwa wani lokaci. Ita ce ta sa fitilun motocin da ke tahowa da dare suke fashe min kamar taurari, ni kuwa ina ta zagin direbobi wai sun ƙi rage fitila. Ya auna min hawan jinin ido ma, ya ce lafiya, amma ya ja min kunne a kansa: shi wannan ba ya ciwo, ba ya ja, daga gefe yake fara cin gani, tsakiya tana nan tar. Mai shi zai iya karanta allon nan har ƙasa, amma yaron da ya fito da gudu daga gefen titi ba zai gan shi ba sai ya shigo gabansa. Abin da ya cinye kuma ba ya dawowa. Shi ya sa a ƙasashen Tarayyar Turai ba ƙarfin gani kaɗai ake nema ga mai ƙaramar mota ba, har da faɗinsa, aƙalla digiri 120 daga gefe zuwa gefe. Ƙarfin kuwa ma'aunin da ake kira 6/12 ne, wato abin da lafiyayyen ido ke karantawa daga mita 12, kai ka iya karanta shi daga mita 6. Rabin gani fa ke nan ake roƙo, kuma idona na hagu ya kasa kawo shi.

Da na dawo gida na ɗauki biro na yi lissafi, ka san ni. Motar da ke gudun kilomita 100 a awa tana cin kusan mita 28 a daƙiƙa ɗaya. In ka makara da daƙiƙa guda wajen gane cewa abin da ke gabanka babbar mota ce ta lalace ba fitila, ka riga ka shafe tsawon ƙananan motoci shida ƙafarka ba ta ma bar totur ta koma birki ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kimanin mutum miliyan 1.19 ke mutuwa a hatsarin hanya duk shekara. Da can in na ji irin wannan adadi, yara masu gudun wuce sa'a da masu waya a kunne nake hangowa. Ban taɓa sa kaina a lissafin ba, ni mai tafiya a hankali, mai ɗaura bel, wanda bai taɓa ko gogar wani ba.

Tunda kai ma'abocin tarihi ne, ga wani abu da zai yi maka daɗi. Takardar da ake yawan kira lasisin farko a duniya ita ce wadda Karl Benz ya karɓa a Jamus a 1888, kuma ba don a gwada iyawarsa aka ba shi ba, jama'a ne suka yi ƙorafin ƙara da warin motarsa, ya nemi izini a rubuce. A Ingila dokar 1903 ta wajabta lasisi, amma saye kawai ake yi, ba wanda ke tambayar ko ka san birki. Sai a 1935 jarrabawar tuƙi ta zama dole. Allon da ya kunyata ni ma ya girmi mota: wani likitan ido ɗan ƙasar Holan, Herman Snellen, ya fito da shi a 1862. Fiye da shekara talatin Ingila ta yi kafin ta yarda cewa takarda ba ta tuƙa mota. Abin da kake roƙona, mutumina, lasisin 1903 ne.

Kuma dubi yadda wa'adin yake gajarta in shekaru sun ja. A Ingila katin mai hoto shekara 10 yake yi, amma daga shekara 70 duk bayan shekara 3 ake sabuntawa. A Japan wanda ya kai 75 sai an gwada ƙwaƙwalwarsa kafin a sabunta masa. Da ina ɗaukar wa'adin nan dabarar tatsar kuɗi ce kawai, kuma har yanzu ban wanke kowa tas ba. Amma da aka miƙo min takardar wucin gadi, na ajiye sabon hoton kusa da tsohon, sai na yi shiru. Wancan gemunsa baƙi wuluk, wuyan riga ya cika shi. Wannan kuwa, to, jami'in nan bai yi ƙarya ba da ya ce Baba. An kuma rubuta min sharaɗi a jiki: ba tuƙi sai da gilashi.

Yanzu ga taka matsalar. Ka ce ai kana da lasisin ƙasa da ƙasa, zai riƙe ka ko na gida ya mutu. Ba zai riƙe ka ba. Wannan ɗan littafin fassara ce kawai ta lasisinka na asali, tare ake nuna su, in uwar ta mutu ɗan ba ya tsayawa shi kaɗai. Iri biyu aka fi amfani da su: na yarjejeniyar Janiba ta 1949 shekara ɗaya yake yi, na yarjejeniyar birnin Vienna ta 1968 yakan kai shekara 3, amma ba ya wuce ranar da na gida zai ƙare. Ka buɗe naka ka ga wanne ne. Sannan ƙasashe da yawa suna ba wanda ya zauna a cikinsu ƙayyadadden lokaci ne ya yi tuƙi da lasisin waje, daga nan sai ya nemi nasu. Kai kuwa ka daɗe a can. Ka je ofishinsu da ƙafarka ka tambaya, kada ka dogara da abin da 'yan'uwa ke faɗa a majalisa. In akwai halastacciyar hanyar sabunta na gida daga nesa, ta shafin hukumar kanta, zan bincika maka ita har ƙarshe, in ma akwai takardar da zan kai da hannuna zan kai. Ta bayan gida ce ba zan bi ba.

Ko ma wace hanya ta ɓulle, ka je a duba maka ido, har da awon hawan jininsa, ba allo kaɗai ba. Wata shida kawai na girme ka, kuma ban manta zuwanka na ƙarshe ba, da ka miƙa wa ɗana wayarka ka ce ya karanto maka saƙo wai hasken rana ya yi yawa, alhali muna cikin falo.

Gilashin nawa ya iso, mai hawa biyu, sama na nesa ƙasa na kusa. Kwana uku na yi ina taka matakala kamar mai tsallake kwata. Amma daren farko da na fita da shi, na ga allon kwatance tun daga nesa, harafi harafi, a hanyar da nake bi shekara da shekaru ina zaton allon ne ya koɗe. Yara sun ce na yi kama da shugaban makaranta.

Ka gaida uwargida da kyau, ka shafa min kan yara. Ka ɗauki hoton lasisinka gaba da baya, da shafin farko na ɗan littafin, ka turo min yau. Kwanan watan kuma ka ba wani yaro ya karanta maka.

Naka har kullum,
Amininka