Ganin mutum a wurin kisa bai isa hujja ba

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Mutane na mamakin yadda kotu ke yanke wa wanda bai daɓa wuƙa ba hukuncin kisa. Sashe na 79 na dokar hukunta laifuka ta Penal Code ne ya jawo: idan aka haɗa niyya, kowa zai ɗauki laifin kamar shi kaɗai ya aikata. Amma dole mai gabatar da ƙara ya tabbatar da haɗin niyyar.

Inda ake yawan tuntuɓe shi ne ikirari. Abin da wanda ake tuhuma ya faɗa wa 'yan sanda ba ya zama hujja kan abokin tuhumarsa, sai in shi ma ya amince da maganar, bisa sashe na 29(4) na Dokar Shaida ta 2011. Don Allah iyalai su lura, kwana 90 ne wa'adin ɗaukaka ƙara kan hukuncin Babbar Kotu.

Mai karatunku,
Wuse, Abuja