Buɗaɗɗiyar wasiƙa ga malamin da ya tambaye ni kan ƙarin girma da raina kotu

Assalamu alaikum, Malam.

Ranar Asabar, a taron ma'aikata da aka yi nan Sakkwato, ka miƙe gaban jama'a ka jefo mini tambaya. Ka ce kotu ta tabbatar ka cancanci zama jarrabawar ƙarin girma, ga shi an shekara kana nan daram a mataki na 12, waɗanda ka koya wa aiki sun sha gabanka, to me ya hana a ɗaure daraktan da ya raina kotu? Kiran la'asar ya katse mu, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Ka ɗauko takardar hukuncin nan da na ga ka naɗe a aljihun gaba, ka buɗe shafin ƙarshe. Alƙali cewa ya yi "kotu ta bayyana" ko "kotu ta umarta"? Nan gizo ke saƙar. Idan bayyanawa kawai aka yi, an faɗi matsayinka a doka, amma ba a ɗora wa kowa aikin da za a ce ya ƙi yi ba, kuma ba a ɗaure mutum kan umarnin da ba a ba shi ba. Sai lauyanka ya sake komawa Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda gyaran tsarin mulki na 2010 ya damƙa wa rigingimun aiki a sashe na 254C, ya nemi umarni ƙarara.

Sannan cancanta daban, ƙarin girma daban. Kotunanmu sun sha nanata cewa ƙarin girma gata ne, ba haƙƙin da ake ƙwata ba. A dokokin aikin gwamnatin tarayya, shekara 3 da ake jira a kan kowane mataki, daga na 07 zuwa na 14, ƙofa kawai suke buɗewa. Akwai jarrabawa, akwai rahoton shekara, akwai batun gurbi. In sun bar ka ka zauna jarrabawar sannan suka ce babu gurbi, a takarda sun bi kotu, ko da ni da kai mun san wayo ne. Wannan ɗabi'a tana ba ni takaici, domin tun 1986, a shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu, Kotun Ƙoli ta ja wa gwamnati kunne kan yi wa kotu riga malam masallaci, amma har yau ana jan ƙafa da "fayil yana sama".

To in umarni ne a fili kuma suka yi kunnen uwar shegu, akwai hanya, sai dai siririya ce. Magatakardan kotu zai fitar da Fom 48, gargaɗin cewa ƙin biyayya na kai mutum gidan yari. In jami'in ya ci gaba da taurin kai, sai Fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Dole takardun su shiga hannun jami'in da kansa, sai fa in kotu ta yarda a isar ta wata hanya. Na taɓa rasa irin wannan ƙara a kan abu ɗaya: mai kai sammaci ya tarar an ce oga ya tafi Abuja, ya miƙa wa sakatare, aka buga hatimi da kwanan wata, muka dawo muna murna. Lauyansu bai yi minti biyar yana magana ba aka yi watsi da buƙatarmu. Tunda ɗauri ake nema, alƙali na auna hujja da ma'aunin shari'ar laifi, kokwanto kaɗan ya ishi wanda ake zargi.

Kada kuma su ruɗe ka da cewa sun ɗaukaka ƙara. Ɗaukaka ƙara kaɗai ba ta tsayar da hukunci, sai ka tambaya ko sun shigar da buƙatar dakatarwa.

Ka kai wa lauyanka takardar hukuncin, da takardar ƙarin girmanka ta ƙarshe, da duk wasiƙar da ka rubuta wa ofis mai ɗauke da hatimin karɓa.

Wassalam,
Ɗan'uwanka lauya, Sakkwato.