Amsa ga Kwamared kan direbobin da ba su koma aiki ba

Assalamu alaikum Kwamared,

Ban ji shirin da kunnena ba. Mai shayin bakin ofishina ne ya tare ni da shi da safe, yana zuba mini madara yana kauce wa idona. Wai ka tambaya a rediyo, duk Kano na saurare: tunda direbobin hukumar sufuri da aka kora sun yi nasara a kotu, me ya sa ko ɗaya bai koma bakin sitiyari ba, ko dai Barista, wato ni lauyansu, ya ji ɗumi a aljihu? Sauran maganganunka, na motar da nake hawa da yawan ɗage zama, na bar maka su. Ɗage zama dai alƙali ke yi, ni ba ni da wannan ikon.

Zancen aljihun ne ya tsaya mini a rai, shi zan amsa.

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda gyaran tsarin mulki na uku na 2010 ya ba wa hurumin rigingimun aiki ita kaɗai a sashe na 254C, abu na farko da take dubawa shi ne takardar ɗaukar aiki. Idan doka ko ƙa'idojin aikin gwamnati ne suka tsara yadda za a ɗauki mutum da yadda za a sallame shi, aka tsallake su, kotu na iya soke korar ta mayar da shi da albashinsa na baya. Haka Kotun Ƙoli ta yi a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985. Idan kuwa kwantiragi ne kawai, ba a tilasta wa ubangida yaron da ba ya so, sai dai diyya. Sashe na 11 na Dokar Ƙwadago ma notis na wata ɗaya ya tanadar wa wanda ya shekara biyar ko fiye.

To wace takarda mutanenmu suke da ita? Ina tuna dattijon da ya fi kowa daɗewa a hanyar Kano zuwa Abuja. Ya zaro tasa daga cikin leda, ta tsattsage a wurin ninki, ya miƙo mini da hannu biyu. Layi na uku ya ce aikin wucin gadi ne, ana sabuntawa duk shekara. Na tambaye shi wa ya ce ya sa hannu. Ya ce ƙungiya ce ta ce ba komai, daga baya za a tabbatar da su. Wa ke sakataren ƙungiya a lokacin, Kwamared? Ni dai ban manta ba, kuma sa hannun na cikin fayil.

Da wannan takardar na shiga kotu, na fito musu da bashin albashi da kuɗin sallama da diyya. Lauyan da aka saya ba ya wahalar da kansa haka, barin wa'adin shigar da ƙara ya wuce kawai zai yi.

Kuɗin kuma da ba su shigo ba, ka san inda suka maƙale. Sashe na 84 na dokar aiwatar da hukunci ya ce ba a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da izinin Antoni Janar. Wato ka kayar da gwamnati, sannan ka je ka roƙi lauyanta ya bari ka karɓa! Ma'aikatan kamfanin jiragen sama na Nigeria Airways da aka rufe a 2003, a 2018 ma wani kaso kawai aka saki na haƙƙinsu, bayan da yawa sun riga mu gidan gaskiya. Ban taɓa jin ka ɗaga murya kan wannan sashen ba, alhali yanzu da kake zaryar neman kujerar majalisa kai ne ya fi dacewa ka yi.

Fayil ɗin na nan a ofishina, da rasit na kowane kwabo da direbobin suka ba ni. In ka fi son rediyo, ka nemi a ba mu fili tare, zan zo da shi, zan kuma zo da dattijon nan da ledarsa.

Naka,
Lauyan direbobin