Titanic da aka mayar wa abin da aka yanke

Assalamu alaikum aminina,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya tare da iyali. Mu ma nan sai godiya.

Ka tambaye ni ko dogon Titanic ɗin nan da masoya fim ke haɗawa da kansu ya isa a hana ido barci. Ya isa, ka nema.

Wanda James Cameron ya fitar a 1997 awa 3 ne da minti 14. A 2005 faifan DVD ya fito ɗauke da wurare 29 da aka yanke. Su ne mutane ke mayarwa gurbinsu a kwamfuta, su daidaita launi da sauti, har fim ya doshi awa 4.

Wurin da ya fi taɓa ni shi ne na jirgin Californian. A daren 14 ga Afrilu 1912 yana nan kusa, ƙanƙara ta tsayar da shi. Mai kula da wayar iskarsa, Cyril Evans, ya aiko da gargaɗi, amma takwaransa na Titanic, Jack Phillips, da saƙonnin fasinjoji suka yi masa yawa, ya ce ya yi masa shiru. Evans ya kashe na'ura ya je ya kwanta. Ba a jima ba, ƙarfe 11:40, Titanic ya yi karo da dutsen ƙanƙara. Mutum kusan 1,500 suka rasu, ga jirgi a kusa. Wanda ya kalli na sinima kaɗai ba zai san da wannan sakacin ba, kuma wallahi abin ya tsaya mini a rai.

Akwai kuma ɗan ƙasar Sin da aka tsamo daga ruwa a kan katako. Mutum ne na gaske, Fang Lang, cikin shida da suka tsira daga 'yan ƙasarsu takwas. Sai tsohuwa Ida Straus da ta ƙi shiga kwalekwale ba tare da mijinta ba.

Amma wasu masu haɗin ba su da zaɓi, kome suka samu sai su cusa. Damben Jack, jarumin fim ɗin, da Lovejoy, baran abokin hamayyarsa, a ɗakin cin abinci jan lokaci ne kawai, ana tsakiyar nutsewa. Wani ƙarshen daban da aka ɗauka kuwa, inda aka riski tsohuwa Rose, jarumar fim ɗin, za ta jefa lu'ulu'u a teku aka tsaya surutu, Cameron ya yi daidai da ya cire shi. Ka nemi haɗin da ya bar ƙarshen asali.

In ka kalla, ka rubuto mini ra'ayinka kan Phillips, domin ni na kasa ɗora masa laifin shi kaɗai. Ka gaida Hajiya da yara.

Naka har kullum,
Amininka