Masu Gajeren Fim, Ku Tsaya Kan Abin Da Ya Faru Kafin Jifa

Malam Edita, assalamu alaikum.

Muna roƙon fili a jaridarka domin jan hankalin matasan da ke shirya gajerun finafinai kan ɗaukar doka a hannu, irin labarin da ƙauye guda zai taso wa mutum ɗaya bisa zargin sata. Kuskuren da ake yawan yi shi ne nuna taron kamar dodanni. Mai kallo zai ce Allah ya kyauta, ya wuce abinsa, bai ga kansa a ciki ba. Alhali masu jifan nan maƙwabta ne, jiya ma sun gaisa da wanda ake zargin.

In fim ɗin minti 12 ne, wato rubutu kamar shafi 12, a ba minti 8 ga abin da ya gabaci jifa: wa ya fara cewa "an ce", wa ya ƙara gishiri, wa ya san gaskiya ya kama bakinsa. Gwajin da masanin halayyar ɗan Adam Solomon Asch ya yi a Amurka a 1951 ya nuna kusan kashi uku cikin huɗu na waɗanda aka gwada sun bi amsar jama'a aƙalla sau ɗaya, duk da kuskurenta a fili yake. Amma da aka samu mutum ɗaya ya saɓa wa taron, sai bin ya ragu ƙwarai. Mutumin da zai iya saɓa wa taron shi ne zuciyar labarin. A kawo kyamara dab da fuskarsa, leɓensa na rawa, ya ɗaga hannu zai yi magana, ya sauke.

Wajen ɗaukar fim ɗin, mutum 30 sun wadatar a matsayin taro. A kasa su uku: biyar a gaba masu magana, goma masu turereniya, sauran 'yan kallo. A ja kyamara baya, a ɗauka da gilashin kyamara mai jawo nesa kusa, mai milimita 85, zai matse su su yi kama da ɗari. Gilashi mai faɗi kuwa tona giɓi yake yi. Lokacin da jarumi ke magana, taron ya motsa baki kawai, a naɗi ihun daban, in ba haka ba hayaniya za ta cinye maganar. A fara da ɗaukar taron da safe, domin da rana ta take sai gajiya da dariya da kallon kyamara.

Duwatsu a yanka su daga soson katifa a shafa musu fenti, a share filin daga na gaske. Mutum ɗaya ya riƙe usur, da ya busa kowa ya tsaya cak. Sannan a sanar da 'yan sanda da shugabannin garin tun kafin ranar, a sa masu tsaro a kowace hanyar shigowa. Mai wucewa da ya ji ihun "ɓarawo" bai san fim ake yi ba, kuma dutsen da zai ɗauka ba na soso ba ne.

Daga wasu masu shirya gajerun finafinai.