Akawun Madras da ya faɗi jarrabawa

Assalamu alaikum Edita. Don Allah a ɗan ba ni fili a wannan jarida tamu mai farin jini in yi maganar Srinivasa Ramanujan, don na lura ko ƴan uwana malaman lissafi da yawa ba su san shi ba.

Ɗan Indiya ne, an haife shi 1887 a garin Erode, ya tashi a Kumbakonam cikin talauci. Yana ɗan shekara 15 haka ya samu aron wani tsohon littafin lissafi, shi ke nan fa ya zauna ya dinga haƙa shi kaɗai ba malami ba kowa. Takarda tsada, don haka a kan allo yake aiki, yana rubutu yana gogewa da gwiwar hannu, sai amsar kawai yake kwafewa a littafi. To amma saboda ba ya kula sauran darussa sai ya faɗi jarrabawa a kwaleji, aka janye masa sikolashif, ya sake gwadawa a Madras ya sake faɗuwa. Wallahi nan ne ke min ciwo, don ina da yara a aji masu kan lissafi waɗanda Turanci kaɗai ya tare wa hanya.

A ƙarshe dai akawu ya zama a hukumar tashar jiragen ruwa ta Madras. Daga nan ne a 1913 ya aika wa G. H. Hardy na jami'ar Cambridge wasiƙa cike da lissafi, wasu malaman da ya rubuta wa kafin nan ba su kula shi ba. Hardy ya duba ya ga abin ya fi ƙarfin wasa, 1914 Ramanujan na Ingila.

Sanyi da yaƙin duniya da rashin irin cimarsa (ba ya cin nama) suka taru masa, ya kwanta. Hardy ya je dubiya ya ce lambar tasin da ya shigo, 1729, ba ta da wani armashi, daga kwance Ramanujan ya ce a'a, ai 12×12×12 a ƙara 1×1×1 ita ce, 10×10×10 a ƙara 9×9×9 ma ita ce, kuma ba ƙaramar lambar da ke yin haka ta hanya biyu sai ita. Na sa ɗalibaina sun gwada da biro, aji ya kaure da ihu.

Ramanujan ya rasu 1920 yana da shekara 32. Indiya na bikin ranar lissafi duk 22 ga Disamba saboda shi, Edita don Allah ranar ku ba shi ko rabin shafi ne.

Daga wani malamin sakandare, Zariya